Tara ga Watan Ɗaya

Shanun huɗa biyu ne ke yi wa gidanmu aiki, amma ɗaya ne namu. Farin na Yaya ne, wana da muke uwa ɗaya uba ɗaya. Jan kuwa na ɗan Gwaggo ne, taubashinmu, wanda gonarsa ke jikin tamu, layin gamba kawai ya raba. Sa ɗaya ba ya jan garma, don haka tun ina sakandare suka haɗa su a karkiya ɗaya, yau a yi gonar wannan, gobe ta wancan. A turken gidanmu ake ɗaure su duka biyun, saboda mu ke da inuwar darbejiya. Na fara da shanun ne domin su ne abin da ya kusa rabuwa a daminar da nake son ba da labarinta, ko da yake abin da aka kira ni in gyara gem ɗin ƙwallo ne a kwamfuta.

Yaya da ɗan Gwaggo sa'o'in juna ne, kuma ban taɓa jin sun gaisa irin ta mutane ba. Kowa yana kiran ɗan'uwansa "bawana", har yau ba a yanke waye bawan wa ba. In ɗan Gwaggo ya shigo gidanmu ya tarar da tuwon Yaya, cinyewa yake ya bar masa kwano a rufe. In Yaya ya ga takalminsa a ƙofar masallaci, sai ya koma gida da ƙafa ɗaya. Wasan taubasai ke nan, komai halal ne muddin ana dariya.

Yaya bai wuce firamare ba, amma akwai abu ɗaya da ba a ja da shi a kai, wato lissafin wata. Baba kan leƙo daga zaure ya ce, "Yau nawa ga wata?" Yaya ya ba shi amsa ba tare da ya ɗaga kai daga abin da yake yi ba. Ina jin har liman yakan tuntuɓe shi in ya yi kokwanto. A gidanmu ba mu taɓa rataya kalanda ba.

Shekarar da nake bautar ƙasa Yaya ya gina ɗan shago a bakin hanyar da ke fita zuwa Zakirai, shi da ɗan Gwaggo suka ɗora kwanon da hannunsu. Ya sa sola yana cajin waya. Ana saura kwanaki a fara azumi sai ya tafi Rijiyar Zaki a birni ya sayo tsohuwar kwamfuta ta tebur da hannun gem biyu. Mai shagon ya zuba masa gem ɗin ƙwallo, ya nuna masa yadda ake kunnawa, ya kuma ja masa kunne kada ya kuskura ya haɗa ta da intanet. Duk wannan ba a gabana aka yi ba. Na dawo gida bayan babbar sallah na tarar samari sun mayar da shagon majalisa, in an taso daga gona sai can.

Ya kamata in faɗi cewa ba kwamfuta na karanta ba. Labarin ƙasa na yi. Ɗan abin da na sani na kwamfuta a garin rubuta furojet na tsince shi. Amma a garinmu digiri digiri ne. An kawo mini rediyo, an kawo mini takardar asibiti, wata tsohuwa ta taɓa kawo mini akuya. Ɗan Gwaggo kaɗai ne ya san iyakata, shi ya sa yake ce mini "mai taswira". Kafin aiki ya samu ina koyarwa kyauta a makarantar garin da safe, sai bayan azahar nake samun leƙa shagon.

Ranar ɗaya ga Muharram, ranar da sabuwar shekarar Musulunci ta kama, na iso na tarar da samari a tsaitsaye, babu ihun da aka saba. Yaya yana zaune gaban allon ya riƙe haɓa.

"Alhamdu lillahi, ga mai ita ya zo," in ji shi. "Zo ka gani. Tun safe ta ƙi."

Kwamfutar a kunne take, komai nata lafiya. Amma in ka danna hoton ƙwallon, sai allon ya yi baƙi kamar gem ɗin zai buɗe, ya ɗan jima, sannan ya dawo da kai inda kake. Babu rubutu, babu ƙara, babu wani abu da zai ce maka ga matsalar. Na danna sau uku. Na ce a ba ni wuri.

Kwana uku na yi ina zuwa da littafi da biro, ina rubuta duk abin da na gwada don kada in maimaita, don kuma in iya mayar da komai yadda na same shi. Na sake tayar da ita. Na zare hannuwan gem na mayar. Na duba ko wuri ya cika, bai cika ba. Na rage girman hoton. Na duba ko manhajar tsaro ta kama wani ɓangare na gem ɗin ta kulle, ban ga alama ba. Fim yana yi, gem ɗin kati da ya zo da ita yana yi. Na hau katangar makaranta, inda sabis ya fi ƙarfi, na karanta abin da mutanen wasu ƙasashe suka rubuta kan irin wannan, na sauko da wasu ƙananan manhajoji a wayata na zuba mata ta waya. Shiru. Abu ɗaya ne ban yi ba: ban buɗe akwatin ba, ban ma zare shi daga wuta ba, domin ina tsoron in taɓa abin da ba zan iya mayarwa ba.

A rana ta uku ne na yi tambayar da har yau nake tunawa da ita. Na ce, kafin ta tsaya, an jona mata wani abu? Wani daga cikin samarin ya ce ai ɗan Gwaggo ya sa memorinsa ranar jajibiri da yamma, ya kwafi tafsiri.

Yaya ya juyo. "Wannan yana kashe gem?"

Na ce, "To, ba zan ce eh ba, ba zan kuma ce a'a ba. Akan samu memori da bairos. Yana iya yiwuwa. Amma yana iya zama zafi, ko wutar ce ta yi rawa, ko wani fayil ya lalace da kansa, ko tsufa kawai."

A ganina na yi adalci. Dalilai biyar na lissafa, ban fifita ko ɗaya ba. Abin da ban lura ba shi ne, a cikin biyar ɗin ɗaya ne kawai yake da hannu da ƙafa, yake da gida a garin. Zafi ba a zuwa a yi masa magana. Kafin la'asar labari ya kai bakin rijiya cewa mai digiri ya ce ɗan Gwaggo ya zuba wa kwamfuta cuta.

Bayan la'asar ya iso da kansa, da fartanya a kafaɗa, yana dariya tun daga nesa.

"Bawana, an ce na kashe maka Baturiyarka?"

"Kai ka sani."

"Tafsiri ne fa a memorin nan. Sai dai in shaiɗanun da ke cikinta ne suka ji ƙira'a suka tsere."

Samari suka kwashe da dariya. Ni ma na yi, har na ji sanyi a raina. Yaya ne bai yi ba. Kwana uku shagon ba ciniki sai na caji, kuma ina jin abin ya taɓa shi fiye da yadda muka zata, domin shi ne abu na farko da ya kafa da kansa wanda ba gadon Baba ba. Ya ce, ba tare da ya kalle shi ba, "Dama tun da aka buɗe wurin nan ba ka taɓa sa masa albarka ba."

Da ya faɗa yana dariya, da ɗan Gwaggo ya rama da wadda ta fi ta zafi an wuce wurin. Amma ya faɗa ne da fuskar da yake magana da baƙo. Ɗan Gwaggo ya ɗaga kai ya kalli kwanon da suka ɗora tare. Sannan ya juyo gare ni.

"Malam, ni ne?"

Bai taɓa ce mini Malam ba. Na ji kalmar kamar an mare ni. Na ce, "Ban ce kai ne ba. Amma gaskiya ba zan iya rantsuwa cewa ba daga memorin ba ne, tunda ban gano ba tukuna."

Ya gyaɗa kai, ya ce, "To, madalla." Ya gyara fartanyarsa ya tafi.

Na sha auna wannan amsar. Ba ƙarya a cikinta. Kalma bayan kalma gaskiya ce. Amma mutum ya tambaye ni ko ɓarna ya yi wa ɗan'uwansa, ni kuma na ba shi amsar da ake ba malamin jami'a a ɗakin jarrabawa.

Washegari da sassafe na ji motsi a turke. Na leƙa na ga ɗan Gwaggo yana kwance jan sansa. Ya gaida Baba a ladabce, ya gaida Inna, ya ja igiya ya fita. Farin ya yini yana kuka yana zagaya turke, ya ƙi ciyawa. Kwana biyu bayan nan aka sheƙa ruwa mai kyau, irin wanda ake jira a ɗaga wa gero ƙasa a sa wake a tsakani. Duk inda ka duba shanu ne a gona, ana ta huɗa kafin ƙasa ta bushe. Gonaki biyu ne kawai suka tsaya a unguwarmu, kuma a jikin juna suke. Yaya ya ɗauki garmar hannu yana yin ɗan abin da zai iya daga gabas, ɗan Gwaggo yana yin nasa daga yamma, kowa ya ba ɗan'uwansa baya. Baba ba mai yawan magana ba ne. Abin da ya ce kawai, yana alwala, shi ne, "Gero ba ya jiran a huce." Ban san ko da Yaya yake ko da ni ba, amma ni na ɗauka.

Ranar da babu makaranta na hau mota zuwa Rijiyar Zaki, ina neman mai shagon da ya sayar da kwamfutar. Na tarar ya yi tafiya. Maƙwabcinsa, shi ma mai gyara ne, ya saurare ni rabi da rabi yana danna waya, ya ce, "Kawo ta a yi mata wanka. A goge komai a zuba sabo, shi ke nan." Na tambaye shi ko hakan zai nuna mana abin da ya jawo matsalar. Ya ce, "Oga, gem kake so ya tashi ko tarihi kake nema?" Na dawo ban gamsu ba, amma ba ni da wata dabara. Muka yanke da Yaya cewa za a ɗaure akwatin a babur a kai birni.

Ranar tafiyar na nemi izini a makaranta, na zo shagon da hantsi. Wannan ne karo na farko da na zo kafin a kunna ta. Ashe kullum in Yaya zai rufe shago yakan kashe inbata gaba ɗaya don batirin sola ya huta. Ya ce, "Bari in ƙara kunna ta sau ɗaya, ko ta huce."

Ya kunna inbata, ya danna maɓalli. Maimakon hoton da na saba gani, sai wani baƙin allo ya fito da ɗan rubutun Turanci. Kafin in gama karantawa Yaya ya danna wani maɓalli, allon ya koma shuɗi, ya fara buga lambobi da yatsa ɗaya, cikin sauri irin na wanda ya saba. Ya dubi agogon hannunsa ya sa lokaci. Sannan a wani layi ya sa ɗaya, ya sa tara.

Na ce, "Yaya, dakata. Me ka sa nan?"

"Kwanan wata mana. Kullum sai ta tambaya. Haka wanda ya sayar da ita ya nuna mini: nan wata, nan rana, nan shekara. Shekarar ya ce in bar lambar da ya rubuta mini."

"Yau tara ga watan ɗaya?"

Ya kalle ni kamar na yi saɓo. "Kai ba ka ɗauki azumi ba ne? Yau Tasu'a, tara ga Muharram."

Muna cikin ƙarshen watan bakwai na Turawa. Kaina ya fara lissafi, amma halina ya hana ni buɗe baki kafin in gwada. Ya ce bari ya je gida ya ɗauko robar ɗaure kaya, ya fita ya bar ni.

Ga abin da na fahimta, gwargwadon sanina. A cikin akwatin kwamfuta akwai wani ɗan batir kamar kwabo, shi ke riƙe mata kwanan wata in an ɗauke wuta. Na wannan ya mutu tun kafin a sayo ta, shi ya sa take tambaya kowace safiya. Ni kuwa kullum a kunne nake tarar da ita, kuma a kusurwar allon lokaci kawai take nunawa, lokacin kuma daidai yake. Mai shagon ya ce a sa wata da rana, bai ce wane wata ba, domin a wurinsa wata ɗaya ne. A wurin Yaya ma ɗaya ne. An zuba gem ɗin a watan uku na Turawa. Washegari Yaya ya sa takwas, Sha'aban. Kwamfutar ta ɗauka an yi tsalle gaba, ba ta damu ba. Tara, goma, sha ɗaya, sha biyu, duk gaba ake yi. Ranar sabuwar shekara ya sa ɗaya, lambar shekara kuwa tana nan yadda take. Sai gem ɗin ya farka ya ga kansa a ranar da ba a ma zuba shi ba tukuna. Ban ce kowane gem haka yake ba, ban kuma san abin da ke cikin wannan ɗin dalla-dalla ba. Amma da alama shi ba ya yarda da hakan.

Na gyara kwanan watan zuwa na wayata. Na danna hoton ƙwallon. Allon ya yi baƙi, ya jima, sai ga koren fili da ihun 'yan kallo. Na yi sauri na kashe sautin. Na mayar da shi watan ɗaya, ya ƙi. Na gyara, ya tashi. Sau uku na yi, ina rubutawa a littafina.

A nan ne wani tunani ya zo mini, kuma ba zan ɓoye ba, ya zauna ya yi ɗumi. Ba wanda ya gani. Ina iya cewa na samo bairos ɗin na cire. In sayo batir a kasuwar Zakirai in sa, kwamfutar ta daina tambaya, magana ta mutu. Yaya ba zai ji kunya ba, wanda duk gari ke tambayarsa kwanan wata ba za a ce kwanan wata ne ya kayar da shi ba. Ni kuma in zama injiniya na gaske. Har na fara gaya wa kaina cewa rufa wa babba asiri lada ne. Sai na tuna cewa in aka ce an cire bairos, to an tabbatar akwai wanda ya zuba shi. Da mun kai ta birni an goge komai ma, haka za a ce. Da kuwa mun ƙyale ta, wataƙila a watan Maulidi, in Yaya ya kai lamba uku, ta tashi da kanta, ba wanda zai taɓa sanin dalili. Duk hanyoyin nan masu sauƙi a kan ɗan Gwaggo suke bi.

Yaya ya shigo da roba a hannu. Na ce, "Yaya, zauna. Ba sai mun je birni ba."

Na buɗe sautin. Ya saki robar, ya ce, "Allahu akbar! Me ka cire?"

"Ban cire komai ba. Ba bairos ba ne. Kwanan wata ne."

Na sa shi ya yi da hannunsa. Ya sa ɗaya, ta ƙi. Ya sa bakwai, ta tashi. Na yi masa bayani a hankali, shi kuma yana ƙirga watanni da yatsu, daga Sha'aban zuwa Zulhajji. Da ya zo kan Muharram sai ya tsaya, yatsansa a sama. Ya fi ni saurin ganewa, tunda lissafinsa ne.

Ya ce, "Wato ni ne."

Bakina ya cika da amsoshi. Batir ne ya mutu. Mai shago ne bai yi bayani ba. Kowa ma zai iya yin haka. Duk gaskiya ne, kuma na san in na fara jera su, za mu sake komawa dalilai biyar. Na haɗiye su.

Na ce, "Eh, hannunka ne. Amma bakina ne ya kai maganar kan ɗan Gwaggo."

Ya daɗe yana kallon 'yan wasan da ke tsaye a tsakiyar fili suna jiran a buga.

"Ni da ban taɓa ɓatar da kwana ɗaya ba."

"Ba ka ɓatar ba, Yaya. Yau tara ga wata. Ita ce ba da namu take lissafi ba."

Ya miƙe, ya kashe ta, ya rufe shago da rana tsaka. Bai ce in biyo shi ba, amma na bi shi.

A gona muka samu ɗan Gwaggo, a sunkuye da garmar hannu, shi ma da azumi a bakinsa. Ya ɗago ya gan mu, ya ci gaba da aikinsa. Yaya ya tsaya a bakin layin gamba, ya buɗe baki ya rufe. Na gane cewa a rayuwarsu ba su taɓa ba juna haƙuri ba, ba su da kalmomin. Sai na tsallaka gambar.

Na ce, "Ɗan Gwaggo, na gano abin da ya hana gem tashi. Ba memorinka ba ne."

Ya miƙe, ya share gumi da hula. "Maimaita."

"Ba kai ba ne."

"Babu wataƙila?"

"Babu."

"Babu yana iya yiwuwa? Babu ba zan iya rantsuwa ba?"

"In kana so in rantse, zan rantse."

"To waye?"

Daga bayana Yaya ya ce, "Ni ne. Watanmu nake sa mata."

Sai da aka yi masa bayanin sau biyu. Ina kallon fuskarsa yana ƙoƙarin riƙe fushinsa, abin yana kuɓuce masa. Can ya zauna a kan kunya, ya riƙe ciki.

"Wato bawana, Baturiyar ce ka sa ta shiga sabuwar shekara da mu? Yau ma ta ɗauki Tasu'a ke nan? Gobe ka kai mata cika-ciki, ka yanka mata zakara!"

"Rufa mini baki, bawa kawai."

"Liman ya sani? Wallahi sai na gaya wa liman."

Amma da ya gama dariya, ya juyo gare ni, fuskarsa ta canza.

"Mai taswira, a gona ka faɗi waccan maganar?"

"A'a."

"To inda ka faɗe ta, can za ka je ka kwashe ta."

Bayan la'asar, a ƙofar shagon, gaban samari da masu karɓar waya da wasu dattawa da suka tsaya wucewa, na tsaya na faɗa. Na kare furojet gaban malamai, ban ji abin da na ji a ranar ba. Na ce ba bairos, ba laifin memorin kowa, kuma ni ne na yi magana kafin in sani. Wani ya ce, "To amma ai ka ce yana iya yiwuwa ne kawai." Na ce eh, haka na ce, kuma bai kamata in ce ba. Ɓangaren kwanan watan Yaya ne ya faɗa da bakinsa. An yi masa dariya, an kuma daɗe ana yi. Har yau in aka ga jinjirin wata akan samu mai cewa a je a sanar da kwamfuta.

Washegari, goma ga wata, tun rana ba ta yi zafi ba na ji ƙarar karkiya a ƙofar gida. Farin ya ji warin ɗan'uwansa tun kafin ya shigo, ya kusa tsinke igiya. Yaya da ɗan Gwaggo suka yi gardama kan gonar da za a fara, kowa yana cewa ta ubangida ake fara yi, ba ta bawa ba. Baba ya raba gardamar, ya ce a fara da ta Gwaggo. Ƙasa ta riga ta fara tauri, shanun suka sha wuya, kuma waken da aka sa a shekarar ya makara. Ba zan ce kwanakin nan ne kaɗai dalili ba, ruwa ma ya ɗauke da wuri. Amma na san abin da na sani.

Batirin na samo shi wurin mai gyaran agogo ranar kasuwa, na buɗe akwatin da addu'a na sa. Kwamfutar ta daina tambaya. Yaya ya ce mini kwanakin farko yakan tsaya da yatsa a sama yana jiran shuɗin allon, sai ya ga ta wuce abinta.

Jan sa kuwa bai ƙara kwana a turkenmu ba. Ɗan Gwaggo ya kafa masa rumfa a bayan gidansu, yana kawo shi da safe, yana mayar da shi da yamma. Suna wasansu kamar da, yana cinye tuwon Yaya, Yaya yana ɓoye masa takalmi. Na taɓa tambayarsa dalilin rumfar, ya ce taki yake so ya tara a gida. Mai yiwuwa haka ne. Turke na biyu yana nan a gindin darbejiya, Yaya bai cire shi ba, ni ma ban ce ya cire ba.